Hadari da Jirgin Sama: Dalilin Jinkirin Matuƙi



An nemi in yi tsokaci a kan abin da ke ɓata wa da yawa daga cikinmu rai, musamman mazauna Legas da Abuja da Fatakwal, wato a jinkirta tashin jirgi saboda hadari, alhali a ganin fasinja sama ba ta ɓaci ba.

Ku sani, hadari irin na ƙasarmu yakan yi tsiri har ya haura kilomita 12, ya zarce inda jirgin fasinja ke bi. Saboda haka ba a tsallake shi, sai dai a kewaye. A cikinsa akwai iska mai hawa da mai sauka, ga ƙanƙara, ga tsawa. Ƙa'idar da ake koya wa matuƙa ita ce su ba babban hadari ratar kimanin kilomita 37.

Da rana, in gari ya yi wasai, matuƙi kan hango shi daga nesa. Amma da dare, ko idan ya ɓuya cikin wasu gizagizai, ko ƙurar farkon damina ta turnuƙe, sai ya dogara da na'urar rada da ke hancin jirgin. Ita kuwa ɗigon ruwa take gani, kuma ruwa mai ƙarfi kan tare mata abin da ke bayansa.

Lokacin tashi da sauka ya fi kowane hatsari. Iska kan ɓarko daga gindin hadari, ta bugi ƙasa, ta watsu. Jirgin da ya shige ta zai fara gamuwa da ita ta gaba, nan take ta koma bayansa, sai fikafikansa su rasa ƙarfin ɗaukarsa, ga shi kuma dab da ƙasa.

Ba mu manta da ranar 10 ga Disamba, 2005 ba, da jirgin Sosoliso ya faɗi a Fatakwal yana ƙoƙarin sauka cikin hadari, mutum 108 suka rasu, da yawansu 'yan makaranta. Ranar 29 ga Oktoba, 2006 kuma jirgin ADC ya faɗi jim kaɗan da tashinsa daga Abuja zuwa Sakkwato, muka rasa mutum 96, ciki har da Mai Alfarma Sarkin Musulmi Muhammadu Macciɗo. Masu bincike sun ɗora alhakin a kan tashi cikin mummunan yanayi da kasa sarrafa jirgin cikin irin wannan iska.

Don haka roƙona gare ku biyu ne. Da damina, mai zuwa gida ɗaurin aure ko suna ya taso tun ana gobe, kuma ya zaɓi jirgin safe, domin hadari ya fi haɗuwa daga la'asar zuwa dare. Sannan idan matuƙi ya ce a dakata, ko ya karkata zuwa wani filin, kada mu matsa wa ma'aikata, komai muƙaminmu. Hausawa sun ce sauri kan haifi nawa.

Allah Ya jiƙan waɗanda suka rasu, Ya mai da kowa gidansa lafiya.