Zaitun a Ƙasarmu: Albarka da Riƙo da Sababi

 

Ya 'yan'uwa Musulmi na Boɗinga da Shagari, tambaya ta yawaita a kan dashen zaitun, har wasu samari suna shirin sayar da tumakinsu don sayen irinsa. Wajibi ne mu yi bayani kafin dukiya ta salwanta.

Babu jayayya a kan falalar wannan itaciya. Allah Maɗaukaki Ya yi rantsuwa da ita a farkon Suratut Tin, Ya siffanta ta da albarka a Suratun Nur, aya ta 35, Ya kuma ambaci manta a Suratul Mu'minun, aya ta 20. To, amma albarkar abu ba ta nufin zai yi 'ya'ya a kowace ƙasa. Muslim ya ruwaito cewa a lokacin da mutanen Madina suka bar yi wa dabino barbara, amfanin ya lalace, sai Annabi (SAW) ya mayar da al'amarin noma ga masaninsa. Wannan shi ne ma'auninmu.

Zaitun ɗan gaɓar Bahar Rum ne. Sifen ce kan gaba wajen samar da mansa a duniya. Yana jure fari matuƙa: a yankin Safakis na Tunisiya, inda ruwan sama bai kai rabin namu ba, ana nomansa ta hanyar barin tazara mai faɗi tsakanin itace da itace. Ashe ƙarancin ruwa ba shi ne cikas ɗinmu ba. Cikas ɗin shi ne sanyi. Itaciyar tana buƙatar makonni masu yawa na sanyi sosai kafin ta yi fure, sanyin hunturunmu kuwa gajere ne, hantsi na dubawa ya kore shi. Saboda haka tana iya tsayawa kore shar, shekara da shekaru, ba tare da ta ba da ko cikin tafi ɗaya ba. Ko a Nijar, zaitun na daji a saman duwatsun Azbin yake fitowa, inda tsawo ya kawo sanyi.

Wanda ya nace sai ya gwada, ya fara da biyu ko uku. Ya nemi dashen reshe, domin wanda aka shuka daga ƙwallo yana daɗewa, kuma bai cika gado uwarsa ba. Ya zaɓi jigawa mai tsane ruwa, ya nisanci fadama, don kwanciyar ruwa tana ruɓar da saiwarsa. Ya yi masa shinge saboda awaki, ya riƙa ban ruwa a shekarun farko, ya rage rassan tsakiya don rana ta shiga.

Sai dai abin da ya fi damuna, 'yan'uwa, shi ne muna neman na nesa alhali gatarinmu yana cin na kusa. Aduwa tana nan, ƙwallonta yana da mai. Gawo yana kaɗe ganyensa da damina, ya zama taki ga gero. Ga magarya, ga kuka, ga zogale. Hadisin Anas, wanda Buhari da Muslim suka ruwaito, ya tabbatar da ladan sadaka ga Musulmin da ya yi dashe ko shuka, mutum ko tsuntsu ko dabba suka ci daga ciki, kuma bai keɓe zaitun ba. Ina kira ga kwamitin kowane masallaci da ya tanadi dashen waɗannan itatuwa kafin ruwa ya zauna a watan Yuli, a kuma naɗa wanda zai shayar da su idan rani ya shigo.