Diyyar Gona Haƙƙinka Ce

 Yau batun diyyar fili za mu taɓo.

A Najeriya, Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta damƙa amanar ƙasar kowace jiha a hannun gwamna. Yana iya karɓar gonarka don amfanin jama'a, kamar hanya ko asibiti. Amma sai da sanarwa, sai kuma da diyya.

Me ake biya? Gini, shuka da itatuwa. Ƙasar kanta ba a yi mata kuɗi.

Don haka, manomi, adana takardunka. Ranar ƙiyasin diyya, tsaya a gonarka. A ƙirga kowace ɗorawa, kowane mangwaro, a gabanka. In an tauye ka, kai kuka ga kwamitin filaye na jiha.

Diyya haƙƙinka ce. Mu kwana lafiya.