Jawabin taron kaka: Tuffa mai rigar alewa

Mun gode Allah da ya kai mu kaka lahiya, hatsi ya shiga rumbu.

Wasunku sun ga abin da muka raba wa yara a taron da ya wuce, wato tuffa da aka soke da tsinke aka tsoma cikin alewa. Tun daga ranan ake ta tambayarmu yadda ake yi, har wasu mata na Yamai sun ce za su yi ta saidawa. Shi ya sa muka ga ya kamata mu yi bayani a gaban kowa, don akwai daɗi cikin abin, akwai kuma hatsari.

Al'adar Amurka ce. Ƴan'uwanmu da ke zaune Girinsiboro suka koya mana. Can ana tsinkar tuffa, wadda muke ce ma pom, a watannin Satumba da Oktoba, daidai da kakarmu. Gidaje su yi wa yara, su kai wa maƙwabta, musamman wajen bikinsu na 31 ga Oktoba. A Ingila ana cin irinta daren 5 ga Nuwamba. Faransawa kuma tasu ja ce mai ƙyalli, ana saida ta wajen wasannin gari.

Duk macen da ta iya kantun riɗi ko alewar madara ta san rabin aikin. Ga tuffa ƙanana 10, a samu sukari giram 400, madarar gwangwani mai zaƙi guda, man shanu cokali 6, zuma cokali 8, da ɗan gishiri. Amfanin zuma shi ne ta hana sukari komawa tsakuwa. A ɗora a wuta marar ƙarhi, a yi ta juyawa da muciya, kada a ɗaga hannu, don madara da ta kama gindin tukunya sai ɗaci. Masu ma'auni suna saukewa wajen digiri 120. Mu da ba mu da shi, sai mu ɗiga kaɗan cikin ruwan randa. In ya dunƙule, ya kuma lotsa tsakanin yatsu, ya yi.

Ga inda muka sha kunya karon farko. Mun tsoma tuffa, mun jera a faranti, kahin mu juya alewar duk ta zame ta taru ƙasa, tuffa na tsaye tsirara. Ashe tuffar da ake kawowa daga waje akwai kakin da ke jikinta, wanda ke sa ta ƙyalli. Sai an tsoma ta cikin ruwan zahi na ɗan lokaci kaɗan, a goge da tsumma, a bari ta bushe ƙarau. Ko ɗigon ruwa ya rage, alewa ba ta kamawa. Bayan an tsoma, a birgima ta cikin dakakkiyar gujiya ko soyayyen riɗi, a aje bisa farantin da aka shafa wa mai. Mu dai ta riɗin ta hi mana daɗi.

A kori yara daga bakin murhu. Narkakken sukari ya hi tafasasshen ruwa zahi, kuma in ya zuba ga fata mannewa yake yi.

To, ga maganar da muke so masu niyyar saidawa su ji da kyau. A ƙarshen 2014 zuwa farkon 2015, irin wannan tuffa ta kanti ta kwantar da mutum 35 a jihohi 12 na Amurka, 7 daga cikinsu suka rasu. Ƙwayar cuta ce da ake kira listeriya, wadda ta hi cutar da mata masu ciki, jarirai da tsohi. Masana na jami'ar Wiskonsin sun bincika a 2015, suka gano cewa tsinken da ake sokawa ne ke hito da ruwan tuffa, ya kwanta tsakanin ɓawo da alewa, ƙwayar ta samu wurin hayayyafa in an aje abin ba cikin sanyi ba. Wannan fa a ƙasar da kusan kowane gida ke da firigo. Ina ga tire da zai wuni cikin rana a ƙofar lakwal, a maida abin da ya rage gobe? Shawararmu ita ce a yi da sahe, a cinye a ranan. Wanda ba ya da firigo kada ya kwana da ita.

Sannan zahin Oktoba a nan narkar da alewa mai madara yake yi. Gara a jira hunturu, ko a yi irin ta Faransawa, sukari da ruwa da ɗan lemun tsami, a dafa har digiri 150, yadda in an ɗiga a ruwa zai karye ƙwas.

Tuffa tana da tsada, ba mu ce kowa ya matsa wa aljihunsa ba. Mu guda ɗaya muke yankawa huɗu, kowane yaro ya samu, kuma kason farko na gidajen marayu ne. Taron hunturu, ƴan Maraɗi za su zo da riɗi, ƴan Yamai da tuffa, asusun ƙungiya ya sayi sukari. Wanda ke da zuma a gida ya faɗa wa ma'aji kahin a watse. Wassalam.