Zaman Shirun Jaruman Fim da Yaranmu ke Kwaikwaya

  

Yau zancenmu zai kai mu har Amurka, amma sanadinsa yana nan cikin ɗakunanmu. Wataƙila kin taɓa tarar da ɗanki ya tanƙwashe ƙafa, ya rufe ido, ya miƙa hannu wajen kofi, wai yana jiran ya taso ya zo hannunsa. Wata uwar dariya za ta yi, wata kuwa gabanta ne zai faɗi, ta ce ko yaron ya gamu da iska. Kwantar da hankalinki, uwargida. Sau da yawa fim yake kwaikwaya, kuma idan kin san fim ɗin, kin san ta inda za ki ɓullo masa.

Sunan fim ɗin Star Wars, ma'ana yaƙin taurari. Wani Ba'amurke, George Lucas, shi ya fitar da kashi na farko a 1977. A cikin labarin akwai wasu jarumai da ake kira Jedai, masu takubban haske. An ce wai akwai wani ɓoyayyen ƙarfi da ke fitowa daga dukkan abu mai rai, ya game sararin samaniya. Don jarumi ya samu wannan ƙarfi, sai ya zauna shiru, ya daidaita numfashi, ya kawar da kowane tunani daga zuciyarsa. Daga nan wai sai ya iya ɗaga dutse ba tare da ya taɓa shi ba, har ya hango abin da ke faruwa nesa. Wanda kuma ya bar tsoro da fushi suka rinjaye shi, sai ya faɗa ɓangaren duhu, ya zama mugu.

A kashi na biyu, wanda ya fito a 1980, aka nuna yadda ake koyar da wannan zaman. Malamin wani ɗan tsoho ne kore mai manyan kunnuwa, sunansa Yoda, wai shekarunsa sun kusa 900. Jirgin almajirinsa Luke ya nutse a fadama, Luke ya yi iya yinsa ya kasa fito da shi, sai Yoda ya lumshe ido, ya miƙa hannu, jirgi ya taso ya sauka a tudu.

To, 'yar uwa, ga abin da ba a nuna wa ɗanki ba. Shi Yodan nan 'yar tsana ce. Wani mai suna Frank Oz ne yake zura hannu a cikinta yana motsa ta, shi ne kuma yake yi mata murya. Fadamar ma a cikin ɗakin shirya fim na Elstree aka gina ta, kusa da Landan, aka ɗaga daɓen sama don mai motsa 'yar tsanar ya ɓuya a ƙasa. Shi kuwa zaman shirun, Lucas ya aro kamanninsa ne daga mabiya addinin Buddha na ƙasashen Asiya da finafinan mayaƙan Japan, sauran kuma ya ƙago da kansa.

Wasa-wasa abin ya fita daga majigi. A ƙidayar jama'a ta 2001, mutum 390,127 a Ingila da Wales suka rubuta cewa Jedai ne addininsu, yawancinsu don raha, bayan wani saƙo da aka yi ta yaɗawa a intanet. A ƙidayar 2011 adadin ya sauko zuwa 176,632. A 2016 kuma hukumar da ke yi wa ƙungiyoyin agaji rajista a can ta ƙi amincewa da shi a matsayin addini. Kamfanin Disney ya sayi kamfanin Lucas a 2012 a kan kimanin dala biliyan 4, ya ci gaba da fitar da sababbin finafinai da na zane, shi ya sa har yau yara ke cin karo da labarin a talabijin da wayar hannu.

Yanzu me ya rage gare ki? Da farko, kada ki fara da duka ko tsawa. Zauna kusa da shi ki ce, "Ba ni labarin abin da ka kalla." Bar shi ya gama, sannan ki gaya masa labarin 'yar tsanar nan da mutumin da ke ɓoye a ƙarƙashin daɓe. Yaro yana son sanin sirrin abu, kuma da kansa zai kai wa abokansa. Ai mu ma an yi mana tatsuniyar Gizo da Ƙoƙi, mun ji daɗi, amma da an ce ƙurunƙus mun san ba gaske ba ne. Shi fim babu mai cewa ƙurunƙus, ke ce za ki faɗa.

Na biyu, ki sheƙe dusa ki ɗauki tsaba. Ɗaga abu da tunani dai babu gwajin masana da ya taɓa tabbatar da shi. Amma jan numfashi a hankali yana rage bugun zuciya, ya sassauta fushi, wannan likitoci sun san da shi. Idan ranki ya ɓaci, ko na yaron, a zauna, a ja numfashi ana ƙirga 4, a sake shi ana ƙirga 6, na kamar minti 5. Ko sisi ba za ki kashe ba.

Na uku, ki sa ido a kan manyan yaran masu waya. Akwai masu tallar darussa a intanet, suna alkawarin haɗa mutum da ƙarfin sararin samaniya don ya warke ko ya yi arziki. Duk wanda ya nemi kuɗi a kan wannan, ko ya ce a ajiye maganin asibiti, to a guje shi. Idan kuma kin ga yaro ya daina cin abinci, ba ya barci, ya janye daga mutane, wannan ya wuce wasan fim, ki yi wa maigida magana a kai shi asibiti.

Icce dai tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. A nan za mu dasa aya, sai mako mai zuwa idan Allah ya kai mu. A gaida maigida da yara, ku huta lafiya.