Bidiyon biki ya ƙi buɗewa

Sau da yawa mai ɗaukar bidiyon biki yakan dawo gida ya tarar hoton ya ƙi buɗewa, sai haushi ya sa ya goge. Kada a yi gaggawa.

Bidiyon MP4, sai an tsayar da ɗauka waya take rubuta jadawalin da ke nuna inda kowane hoto da sauti yake. In caji ya ƙare ana tsakiyar ɗauka, hotunan suna nan, jadawalin ne babu. Karaya ce irin wadda masu ɗorin Aliero ke gyarawa. A ɗauki gajeren bidiyo da wayar nan dai, ba tare da sauya saiti ba, manhajar Untrunc za ta dube shi ta sake gina jadawalin a kwamfuta. Amma a fara kwafar fayil ɗin, a yi gyaran a kan kwafin.

Wani bidiyon ma lafiyarsa ƙalau, tsohuwar waya ce ba ta gane tsarin HEVC da aka ɗauke shi da shi. A gwada buɗe shi da manhajar VLC.

Wanda ba ya gyaruwa shi ne na memori na jabu, mai rubutun 64GB alhali cikinsa bai kai ba. Abin da ya wuce ƙarfinsa bai taɓa zama a ciki ba.