Amsoshin Wasiƙunku: Wasan Kwaikwayo Sana'a Ce Ko Shashanci?

Wasiƙarmu ta yau ta fito ne daga wani dattijo manomi a ƙasar Funtuwa. Ya ce ɗansa ya gama sakandare, ya kafe shi sai wasan kwaikwayo, gona kuwa ko kallonta ba ya son yi. Yana tambaya, shin akwai wanda ya taɓa zama mutum ta wannan hanya?

To Baba, mun gode da wasiƙa. Akwai kuwa. Bari in ba ka tarihin mutum guda, marigayi Sadiq Daba, sai ka auna da kanka.

Asalinsa mutumin Kano ne, amma a ƙasar Saliyo ya tashi, can ya yi makaranta. Da ya dawo gida, aikin watsa labarai ya kama a Kaduna, daga baya ya zama ma'aikacin gidan talabijin na ƙasa, NTA. Ka lura da wannan, Baba: ma'aikaci ne mai albashi tun kafin duniya ta san shi da wasa.

A 1980, zamanin da gwamnatin Alhaji Shehu Shagari ke kiran jama'a su rungumi noma, NTA ta fara nuna wani wasa na Turanci mai suna Cock Crow at Dawn, wato carar zakara da asuba. A wajejen Jos aka riƙa ɗaukarsa, bankin UBA ne ya ɗauki nauyi. Labarin wani magidanci ne, Bello, da ya baro birni ya koma ƙauye don ya yi noman zamani. Marigayi Ƙasimu Yero ya fito a matsayin Gaga, Sadiq Daba kuma ya fito a Bitrus. Sunan nan ya bi shi har ƙarshen ransa. Ka ga ke nan wasan da ya ɗaukaka shi, ku manoma aka yi wa shi.

Bai tsaya a fuska ɗaya ba. Ya gabatar da shirye-shirye, ya shirya wasanni, ya ba da umarni a bayan kyamara. A 2014, yana da shekara fiye da 60, Kunle Afolayan ya sa shi a fim ɗin October 1. Nan ya fito a Sufeto Ɗanladi Waziri, ɗan sandan Arewa da aka tura wani gari a ƙasar Yarbawa ya binciko mai kashe mata, ana dab da samun mulkin kai a 1960. Wannan ya sa aka ba shi kyautar gwarzon ɗan wasan Afirka ta AMAA a 2015. A 2020 kuma ya fito a matsayin farfesa a fim ɗin Citation.

Amma fa, Baba, kowane allazi da nasa amanu. A 2017 aka ji labarin yana fama da ciwo mai tsanani, ciki har da sankarar jini. Duk da sunan da ya yi, sai da jama'a suka haɗa gudummawa kafin a kai shi asibiti a Ingila. Ya rasu a Legas ran 3 ga Maris, 2021. Allah Ya jiƙansa da rahama. Suna daban, abin hannu daban.

Saboda haka shawarata, kada ka yi wa yaron baki, kada kuma ka sakar masa linzami. Ka zaunar da shi, ka gindaya masa sharaɗi uku. Na ɗaya, ya ci gaba da karatu, domin ilmi ne ya ba Sadiq Daba damar zama ɗan sanda yau, gobe farfesa. Na biyu, ya riƙe wata sana'a da za ta ci da shi, damina kuma ta same shi a gona. Na uku, ka san mutanen da zai bi, da irin wasan da za su sa shi.

Kai kuma samari, in kana jina, mai haƙuri shi kan dafa dutse. Shekara 35 ke tsakanin Bitrus da waccan kyauta.

Nan za mu dakata. A ci gaba da aiko mana da wasiƙu. Sai mako mai zuwa in Allah Ya kai mu. Ku huta lafiya.