Aikin Ido da Leza: Wanne Ya Dace da Mutumin Dutse?



Ɗalibin da ke zaune a kujerar baya a Jami'ar Tarayya ta Dutse, yana ƙyafta ido kafin ya gane rubutun allo, sau da yawa ba cuta ce ke cin idonsa ba. Hasken da ke shiga ne ba ya sauka inda ya kamata. Tabarau na gyara hasken daga waje, ita kuwa leza sassaƙe koniya take yi, wato tantanin nan garai-garai da ya rufe baƙin ido, wanda kaurinsa kaɗan ya ɗara rabin milimita.

Cikin hanyoyin aikin leza, PRK ce babbar yaya. An fara ta a ƙarshen shekarun 1980, Amurka ta amince da ita a 1995. Likita zai kankare fatar saman tantanin, leza ta yi aikinta, a bar fatar ta sake tofowa. Akwai raɗaɗi da hawaye na kwana uku zuwa huɗu, gani kuma sai an yi makonni yake zama daram.

LASIK, wadda likitan Girka Ioannis Pallikaris ya yi fice da ita wajajen 1990, ta zo da wata dabara: a yanko siririn marfi a ɗaga shi kamar faifai a bakin ƙwarya, a gyara ƙasansa, a mayar. Mutum kan wayi gari yana gani tangararan, shi ya sa ta fi farin jini. Sai dai marfin ba ya komawa ƙarfinsa na da, kuma yankan na taɓa jijiyoyin da ke sa ido yin hawaye, bushewa ta biyo baya. Wanda ya san hunturun Dutse, daga Nuwamba zuwa Fabrairu, lokacin da ƙura ke lulluɓe duwatsu har leɓe ya tsage, ba zai raina wannan magana ba. Ɗan acaɓa da manomin da ke sussuka su ne za su fi ji a jikinsu. Soja, ɗan dambe da mai siririn tantani kuwa, PRK ta fi musu aminci duk da zafinta.

SMILE ce auta. Babu marfi, ta ƙaramar kafa ta milimita 2 zuwa 4 ake zaro ɗan yankin da leza ta yanka a ciki. Amurka ta amince da ita a 2016. Bushewarta ba ta kai ta LASIK ba, amma ta fi tsada, kuma galibi marasa hangen nesa ake yi wa.

Abin da ya fi damun mai kishin jama'ar Jigawa shi ne ruɗani. Duk ukun nan ba sa maganin yanar ido ko hawan jinin ido, alhali binciken ƙasa na 2005 zuwa 2007 ya nuna su ne kan gaba wajen makantar da 'yan Najeriya. Haka kuma wanda ya haura shekara 40, ko an yi masa aikin, yana iya neman tabarau in zai karanta Alƙur'ani.

Don haka kafin a sayar da gona a nufi Legas, Alƙahira ko Indiya, a fara ganin likitan ido a Asibitin Koyarwa na Rasheed Shekoni, ko Asibitin Ido na ECWA a Kano, ko Cibiyar Ido ta Ƙasa a Kaduna. Kafin a yi aikin leza, dole mutum ya cika shekara 18, lambar tabaransa ta shekara ba ta sauya ba, a kuma auna kaurin tantanin da siffarsa. A tambayi wanda zai yi aikin: in an dawo gida ido ya yi ja, wa zai duba shi?